Dakarun Gulbi: Yadda Katsinawan Maraɗi Suka Tsara Mayaƙan Ƙasa

Ranar hawan salla a Maraɗi, ido kan dawaki yake. Kowa na ɗokin ya ga ƴan lifidi da masu sulke da kwalkwali, ya ji kakaki na tsaga iska. Can gefe, cikin ƙura, akwai wasu mutane da ke tafe a ƙasa, riga duk layu, kwari a kafaɗa, baka a hannu. Yara su bi su da ihu, manya su ce ai maharba ne, a mai da kai wajen dawaki. Ni ma da ina yaro, in an kawo mu daga Madarunfa kallon hawa, ban taɓa tsayawa na dube su ba. Sai da na girma na shiga bin tarihin ƙasarmu, sannan na gane cewa kakannin waɗannan masu tafiya a ƙasa su ne suka tsare bakin gulbin nan kusan shekara tamanin, alhali daular da ke neman haɗiye shi ta fi shi girma nesa ba kusa ba.

Abin ya faro ne daga 1807. A shekarar ne mutanen Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, ƙarƙashin Malam Ummarun Dallaji da abokansa, suka ci birnin Katsina. Sarki Magajin Halidu ya ja da baya zuwa Ɗankama, aka bi shi can aka sake karya shi, ya faɗa rijiya ya mutu. Waɗanda suka tsira suka naɗa Ɗan Kasawa, suka nufi Damagaram, suka yi shekaru suna zaman baƙunci. A lokacin Maraɗi gari ne daga cikin garuruwan ƙasar Katsina, kuma sababbin masu mulki sun ajiye wakilinsu a nan, mai suna Mani. Mutanen gulbi suka gaji da shi, suka aika wa Ɗan Kasawa ya zo. Wajen 1819 aka auka wa Mani aka kashe shi, Ɗan Kasawa ya zauna Maraɗi da sunan Sarkin Katsina, sunan da magadansa ke amsawa har yau.

Ɗan Kasawa ya zo da sarautu da tambura da ɗan abin da ya rage na dawaki. Mutanen da ya tarar kuwa manoma ne da maharba da masunta, da yawansu masu bin al'adar gargajiya, kowa da bakansa rataye a ɗaki. Daga haɗuwar waɗannan biyu rundunar Maraɗi ta fito: tsarin sarauta na birni daga sama, ƙarfin ƙauye daga ƙasa.

Wanda ya san Madarunfa ba sai an yi masa dogon bayani ba. Garin na kudu da Maraɗi da kimanin kilomita 25, ta wajen da Katsina take. Ga tafki da ke riƙe ruwa har cikin rani, wanda kaburburan waliyyai 99 suka kewaye, inda jama'a ke zuwa ziyara. In ka ƙara gaba sai Gabi da dajin Babban Rafi, daji kuma ya miƙa har ya haɗu da na Rugu. Duk rundunar da ta taso daga kudu tilas ta keta wannan duhuwa, tilas kuma ta nemi inda dawaki za su sha ruwa. Doki a cikin sarƙaƙƙiya wahala ce ga mai shi: ba ya iya sukuwa, ƙaya na kama kayansa, mahayi kuma ya zama abin hari ga wanda ya laɓe bayan kututture. Shi ya sa ƙauyukan wancan zamani suka kewaye kansu da kafi da rami, suka bar ƙaya ta yi kauri a bakin ƙofa. Baturen Jamus ɗin nan Bart, wanda aka sani da Abdulkarim, ya biyo ta Tasawa da Gazawa a farkon 1851. Ya tarar da Gazawa cikin kafi mai ƙarfi da rami mai zurfi, daga nan ya shiga jejin da babu kowa, ya wuce kufan Ɗankama kafin ya isa Katsina.

A saman tsarin akwai manyan sarautu huɗu da ake kira rukuni, waɗanda su ne ke zaɓen sarki: Kaura, Galadima, Ƴandaka da Durɓi. Kaura shi ne uban mayaƙa, Galadima kuma ke kula da sha'anin gari. Ƙarƙashin kowanensu akwai ƙananan masu sarauta, kowane da barorinsa da bayinsa da ƙauyukan da ke biyo ta hannunsa. Ƴaƴan sarki ma suna da nasu sarautu da garuruwa, kamar Ɗan Zambaɗi a Madarunfa. Babu wani bariki da ake tara dakaru ana ciyar da su shekara da shekara. In kaka ta yi, an kai hatsi rumbu, sai saƙo ya fito daga fada zuwa ga masu sarauta, su kuma su tura jakadunsu ƙauyuka. Mai gari ya sa a buga ganga, samari su fito.

Mutanen da suka fito daga ƙauye ɗaya tare suke tafiya, tare suke kwana, tare suke tsayawa a fagen fama. Wa da ƙane ne, ɗan baffa da ɗan gwaggo, abokan gayya da abokan farauta. Wanda ke gabansu shi ne dai wanda ke gabansu in an shiga daji cikin rani, sau da yawa Sarkin Baka na garin. Sun san muryarsa cikin duhu, sun san wanda ƙafarsa ke da sauri da wanda hannunsa ba ya rawa. Farauta ita ce makarantarsu: yadda ake warwatsuwa a kewaye nama, yadda ake bin sawu, yadda ake tafiya ba tare da busasshen ganye ya yi ƙara ba. Kuma gudu na da tsada ga irin wannan ɗan yaƙi, don wanda ya gan shi yana gudu maƙwabcinsa ne, kuma labarin zai riga shi isa dandali, ƴan mata su sa shi a waƙa.

Kayan dakare ba su da yawa. Baka ne da tsirkiyar fata, sai kwari cike da kibau. Kibiyar Hausa ba ta da gashin tsuntsu a gindi. Kyauro ne siriri aka dasa masa bakin ƙarfe mai kunne, wanda in ya shiga nama ba ya fita sai an tsaga. Ba ta zuwa nesa ƙwarai, amma dafi ke cika mata aiki. Daga ƴaƴan kwankwani ake dafa shi, a haɗa da abin da kowane gida ke ɓoyewa, a dafa har ya yi baƙi ya yi kauri, sannan a shafa wa bakin kibiya a bar ta ta bushe. Ko ƙwarzane ta yi, mutum ko doki ya shiga uku. Bayan wannan sai wuƙa a damtse, gorar ruwa, ɗan guzurin gumba, da layun da uwa ko malami ko boka ya ba shi. Ban da ƴan baka akwai ƴan karma masu takobi da garkuwa, ƙarƙashin Sarkin Karma, akwai masu mashi, akwai ƴan bindiga ƴan ƙalilan waɗanda galibi bayin fada ne. Sai zagage masu gudu tare da dokin ubangidansu, riƙe da kayansa. Garkuwar da aka fi so ta fatar warwaji ce, daga Abzin ake kawo ta, faɗinta ya isa ya rufe mutum.

A lakwal an karanta mana labarin Romawa, kada a haɗa su da Rumawan Ruma na ƙasar Katsina, kuma in aka ɗora tsarinsu kusa da namu sai namu ya ƙara fitowa fili. Su lissafi suka bi. Mutum takwas ke kwana tanti ɗaya, tukunyarsu ɗaya, dutsen niƙansu ɗaya, alfadarin da ke ɗaukar kayansu ɗaya. Tanti goma su ne senturiya, wato mutum 80, ƙarƙashin senturiyon mai riƙe da sandar kurangar inabi, da mataimakinsa da ke tsayawa a baya yana hana sahu karyewa, da mai ɗaukar tuta. Senturiya shida su ne kohot, mutum 480, kohot goma kuma su ne lijiyon, wajen mutum 5,000. Kafin wannan tsari akwai wanda marubucin Girka Folibiyus ya bayyana, inda lijiyon ke da dakaru 4,200 da mahaya 300. Ana jera su sahu uku: matasa a gaba, ƙarfafa a tsakiya, tsofaffin hannu 600 a baya. Kowane sahu an yanka shi gida goma, ana kiran kowane gida manipul, kuma ana barin fili tsakaninsu kamar gurabun dara, yadda na baya zai iya shigowa ya canji wanda ya gaji.

Amfanin yanka runduna haka ya bayyana a Zama, cikin ƙasar Tunisiya ta yau, a shekara ta 202 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Hanibal, jagoran abokan gaban Romawa, ya sako giwaye kimanin 80. Sifiyo, janar ɗin Romawa, ya riga ya jera ƙungiyoyinsa wata bayan wata, ya bar lunguna a tsakani, giwaye da yawa suka bi lungunan suka wuce. Shekara biyar bayan haka, a 197, Romawa suka kara da Filibus na Biyar na Makidoniya a Kinosefale. Mutanen Filibus dunƙule suke wuri guda da dogayen masu, gaba kawai suka iya fuskanta. Wani hafsan Romawa ya ɓalle da manipul 20 ya zagaya ta bayansu, yaƙi ya ƙare a nan.

Maraɗi ba ta ƙidaya mutanenta takwas-takwas ba. A nan ana cewa jama'ar Kaura ne, jama'ar Durɓi, mutanen gari kaza. Wani mai sarauta ya zo da ɗari, wani da ashirin. In senturiyon ya mutu, akwai wanda doka ta ce ya maye gurbinsa nan take. In mai sarauta ya faɗi a fagen fama, jama'arsa na iya watsewa, don shi suka biyo. Amma abin da Romawa suka nema da tanti ɗaya da tukunya ɗaya, wato mutanen da suka saba da juna har ba sa iya barin juna, mutanen gulbi sun zo da shi tun daga gida. Abin da tuta ke yi wa senturiya kuwa, a nan kiɗa ke yin sa. Kowace sarauta da takenta. Cikin ƙura da hayaniya, dakare na jin gangar ubangidansa ya san inda zai nufa, maroƙa kuma na kiran sunan uban mutum da kakansa a daidai lokacin da ƙafarsa ta fara sanyi.

In za a yi gaba da gaba a fili, yadda aka saba a ƙasar Hausa shi ne dakaru su fara. Masu garkuwa su tsaya, ƴan baka su yi ruwan kibau daga bayansu ko tsakaninsu. In sahun abokan gaba ya soma rawa, sai a sako ƴan lifidi su fasa shi, masu dawaki marasa nauyi su bi waɗanda suka watse. Sarki na baya da tambura da zaɓaɓɓun mutanensa. Lifidi riga ce mai kauri da aka cusa wa auduga aka ɗinke, ta mutum daban ta doki daban, kibiya kan maƙale a cikinta ba ta kai fata ba. Aibinta nauyi da zafi, ga tsoron wuta.

Haɓe sun ga iyakar lifidi tun a watan Yuni na 1804, a Tafkin Kwatto. Sarkin Gobir Yunfa ya zo da ƴan lifidi ɗari da ɗimbin mahaya, jama'ar Shehu kuwa, ƙarƙashin Abdullahi ɗan Fodiyo, dawakinsu ba su wuce ashirin ba. Ƴan baka ne suka tsaya suka karya Gobirawa. Bayan shekara ashirin da biyu abin ya juya. A Oktoban 1826 Baturen Ingila Kilafaton yana cikin rundunar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello lokacin da ta kewaye Konya, inda Gobirawa suka tare. A lokacin Sakkwato ce mai dawaki. Kilafaton ya ga mahaya sun tsaya inda kibiya ba ta kaiwa, dakaru na matsawa suna harbi. Ya ga ana ɗaga ɗan lifidi ana ɗora shi kan doki don ba ya iya hawa da kansa, sannan harsashi daga cikin gari ya kayar da na gabansu. Wadda ta fi burge shi wata tsohuwa ce Bazamfara, baiwar sarki, bisa wani dogon doki, ta rataya gorunan ruwa da tasar tagulla, tana bin masu rauni da masu ƙishirwa tana shayar da su. Konya ba ta ciwu ba a wannan karo.

Darasi mai ɗaci ya zo wa Maraɗi a 1836. Sarkin Katsina Rauda, magajin Ɗan Kasawa, ya haɗa kai da Sarkin Gobir Ali da Buzaye, suka fito fili suka tari Muhammadu Bello a Gawakuke. Aka karya su mummunar karya, Rauda da Ali duka suka kwanta a wurin. Gobirawan da suka rage suka bi Sarki Mayaƙi suka kafa Tsibiri dab da Maraɗi, garuruwan biyu suka zama kamar ɗan jumma da ɗan jummai wajen yaƙi. Ɗan Mari, wanda ya gaji Rauda, ya sake gwada babban yunƙuri wajen 1843 zuwa 1844, lokacin da mutanen yankin Ruma suka yi wa Katsina tawaye. Ya kai har Matazu, aka taru aka karya shi. Siddiku, sarkin da ke birnin Katsina, ya huce a kan garuruwan da suka yi tawaye, da yawansu suka zama kufai, daji ya cinye su. Abin mamaki, da Sarkin Musulmi Aliyu Babba ya tuɓe Siddiku a 1844, wajen mutanen Maraɗi ya gudo.

Daga nan aka fi karkata ga abin da ƙananan ƙungiyoyi suka fi iyawa, wato hari. Hausawa sun ce yaƙi ɗan zamba ne. A tashi da dare, a kwana a daji, a faɗa wa gari da asuba, a kwashe mutane da shanu, a juyo kafin birni ya ɗaura sirdi. Ƴan baka su tsaya a baya su yi kwanton ɓauna a mashigin daji ko bakin ruwa, masu bin sawu su zo su faɗa. Zamanin Ɗan Baskore, wanda ya yi sarauta fiye da shekara ashirin har zuwa 1875, shi ne ƙololuwar wannan. Masu ba da tarihi na lissafa masa hari fiye da tamanin, mahayansa sun taɓa ƙasar Katsina da Zamfara har cikin ƙasar Kano. Kada daɗin labari ya sa mu manta abin da ake kira ganima a lokacin. Mutane ne, mata da yara Hausawa irinmu, aka raba su da gidajensu aka kai kasuwa, kuma rundunonin kudu ma haka suke yi in sun samu shiga. Akwai gidaje a ɓangarorin iyaka biyu da har yau suke tuna kakar da aka kama a bakin rijiya.

Tsarin da ya tsare Maraɗi shi ne kuma ya raunana ta. Tunda mayaƙi na ubangidansa ne kafin ya zama na sarki, duk wanda ya fi tara dawaki da dakaru ya fi ƙarfin fada. Bayan Ɗan Baskore sarakuna suka riƙa hawa suna sauka cikin ƴan shekaru. A ƙarshen ƙarnin Kaura Hasau ya kai matsayin da shi ke naɗawa shi ke tuɓewa, har Sarki Mijinyawa ya bar Maraɗi ya koma Tasawa, gidan sarauta ya rabu. Romawa da duk lissafinsu ba su tsira daga wannan ciwo ba. Tun daga zamanin Mariyus, da aka shiga ɗaukar marasa gona aikin soja, idon soja ya koma kan janar ɗin da zai sama masa fili da ganima. A shekara ta 88 kafin Miladiyya Sulla ya juyo da rundunarsa kan birnin Roma kansa, a ta 49 kuma Yuliyus Kaisar ya ƙetare kogin Rubikon da sojojinsa, jamhuriya ba ta sake miƙewa ba.

Turawa ne suka rufe wannan babi. Ingilishi suka shiga Katsina a 1903, yarjejeniyoyin 1904 da 1906 tsakanin Ingila da Faransa suka ja layi tsakanin Katsina da Maraɗi, aka bi aka kafa alamun iyaka a jejin da aka yi ta zub da jini a kansa. Hari ya tsaya, mutane suka fito daga kafi suka bazu suna saran gonaki. Tsohon birnin Maraɗi ma da ke cikin fadama ambaliyar 1945 ta ci shi, aka koma tudu. Sarautun yaƙi suka zama na fada da na hawan salla, Sarkin Baka ya koma shugaban maharba kawai.

Sunayen sarakuna da na Kaura suna rubuce, maroƙa ma sun riƙe su. Sunayen dakaru kuwa suna bakin tsofaffi ne a Gabi da Safo da Jiratawa da ƙauyukan bakin tafkin Madarunfa: wane gida ke dafa dafi, wane gari ke bin wace sarauta, ina aka yi kafi, wane take ake yi wa wa. Ɗalibanmu na jami'ar Maraɗi da malaman makarantun yankin, kowa na da waya mai ɗaukar murya a aljihu. Ku je gidan Sarkin Baka na garinku da goro, ku gaishe shi, ku zauna ku tambaye shi tun yana da rai.